Yaya Falmata Ta Rasu a Kan Gwiwa, Ba Wanda Ya Ji Muryarta

Shekara bakwai ke nan, a cikin irin wannan zafi na bazara, da rasuwar yayata Falmata. A gidanmu da ke Birni, nan Damagaram, ba a wani taro don tunawa da ita. Inna takan sa a toya masa a kai ƙofar masallaci sadaka, a yi addu'a, kowa ya kama gabansa. Ni ma haka nake wuce ranar kowace shekara. Bana ne na kasa. Ina ɗauke da cikin fari, ya shiga wata na takwas, kuma makon jiya wani abu ya same ni wanda har yanzu bai bar raina ba. Shi ya sa nake rubutun nan.

In baƙo ya tambayi abin da ya yi ajalinta, amsa ɗaya ake ba shi: a kan gwiwa ta rasu. Sai ya ce Allahu akbar, ta yi shahada, magana ta ƙare. A wajenmu mace mai naƙuda durƙusawa take yi, gwiwa biyu a ƙasa, ta dafa 'yar kujerar mata ko turmin da aka kifa. Tana nan a haka har ɗa ya faɗo, mabiyiya ta biyo bayansa, sannan a ce ta sauka, a fara barka. Yaya Falmata ta haifi 'yarta da rai. Sauka ce ba ta yi ba.

Tun daga ranar kalmar nan ta gwiwa take bina. Da can abin wasa ce a wajenmu. Kakarmu ta wajen uba, Babarbariya ce da Hausa ba ta gama zama a bakinta ba, in ciwon ƙafa ya tashi mata sai ta riƙe gwiwarta ta ce ngurumngurum ɗinta ya motsa, mu kuwa mu kwashe da dariya, Yaya ta bi bayanta tana kwaikwayon tafiyarta har sai an jefe ta da mafici. Da aka kai ni lakwal, wato makarantar boko, kafin in iya gaisuwa da Faransanci na iya “a janu”, don shi ne abin da mushe, wato malamin aji, yake faɗa in zai sa yaro ya durƙusa a kan tsakuwa. A koleji wani mushenmu ya gaya mana cewa tasu kalmar ta Faransanci daga Latinanci ta fito, kuma wai mutanen da na can in an haifi jariri a kan gwiwar ubansa ake ɗora shi, in ya bar shi a wurin to ya karɓe shi ɗansa ne. Ya ce akwai masu ganin kalmar gwiwa da ta haihuwa tushensu ɗaya a harshen, akwai masu musun haka. Na ɗaga hannu na ce tamu ta Hausa fa, daga ina ta zo? Ya ce bai sani ba. Malaminmu na Islamiyya ma da na tambaye shi, cewa ya yi ba aron Larabci ba ce, tsohuwar kalma ce da muka tarar a bakin kakanni. Iyakar abin da na samu ke nan. Amma ko ba a gaya min asalinta ba, na ga inda muka ajiye ta. In za mu ba mutum zuciya sai mu ce mun ƙarfafa masa gwiwa, in ya karaya mu ce gwiwarsa ta yi sanyi, kamar a can ne muka yarda jarumta take zaune. A kanta muke gaida manya, a kanta muke roƙon gafara. Kuma a kanta ake son mace ta nuna ko 'yar wane gida ce.

Wanda bai san Yaya ba zai ɗauka shiru-shiru ce. Ko kusa. Tela ce, kekenta a bakin zaure, kuma tun daga bakin lungu ake jin muryarta. In tana ciniki da mai garuwa a lokacin da famfo ya ɗauke, maƙwabta kan leƙo su sha kallo. Waƙa take yi in tana ɗinki, faɗa take yi in zare ya tsinke, dariyarta kuma sai ta sa ka dara ko ba ka ji abin da aka ce ba. Mijinta ma, wani mai gyaran babur ɗan Tirmini, ita ta zaɓi abinta, ta kuma faɗa a gaban kowa ba tare da ta sunkuyar da kai ba. Da cikinta ya tsufa aka dawo da ita gida goyon ciki, yadda ake yi wa kowace mai haihuwar fari, aka gyara mata ɗakin da ke kusa da madafa.

Ranar da abin zai faru, da safe ina shirin lakwal, ita ta ɗaura min kallabi. Tana cikin ɗaurawa sai ta damƙe kafaɗata da ƙarfi. Na ce, “Yaya, kina ji min ciwo fa.” Ta sake ni ta yi dariya ta ce, “Raguwa. Wuce kada mushe ya sa ki a janu.” Na wuce abina. Daga baya muka gane tun jiyan ranar ciwon yake cinta. Ta yi tuwo da shi, ta ƙarasa ɗinkin wata riga da shi, ba ta gaya wa kowa ba, don mai cikin fari ba ta nuna naƙuda. Kunya ce. Sai da hantsi ya yi Inna ta ga ta shige ɗaki ta daɗe, ta aika aka kira tsohuwar unguwarmu da ke karɓar haihuwa. Tsohuwar ta tambaye ta tun yaushe, ta ce ɗazu.

Inna ba ta shiga ɗakin ba. Yaya Falmata 'yar fari ce, kuma a gidajenmu uwa tana kunyar ɗan fari. Ba ta kiran sunansa, ba ta yi masa wasa a gaban mutane, ba ta nuna damuwa da shi. Tun da na yi wayo ban taɓa jin Inna ta ce Falmata ba, sai dai ta ce min “yayarki”. Don haka ta shimfiɗa tabarma a bakin ƙofar ɗakin ta zauna tana jan carbi, labule a tsakaninsu. Bayan azahar aka ji kukan jaririya. Mabiyiya ta ƙi faɗowa. Tsohuwar ta yi irin dabarun da ta sani, Yaya tana durƙushe tana jira, jini yana zuba, idonta ba wanda ya lura da shi don fuskarta na ƙasa. In an ce mata sannu sai ta gyaɗa kai. Ba ta ce jiri take ji ba, ba ta ce a kira mata kowa ba. Sai da ta sulale daga kan kujerar aka fita neman mota. Ba ta kai likita da rai ba. Ni kuma na dawo daga lakwal na tarar da takalman mata jibge a ƙofar gida.

A zaman makoki abin da na fi ji shi ne yabo. Mata suna shigowa suna cewa ko tari ba ta yi ba, wallahi an haifi 'ya, Inna ta yi tarbiyya. Ina da shekara goma sha biyar lokacin, sai yabon ya zame min abin riƙewa, na ji kamar ya rage wani abu daga cikin rashin. Jaririyar aka mayar mata da sunan uwarta, amma tunda Inna ba za ta iya kiran sunan ba sai ake ce mata Magajiya. A hannun Inna ta tashi. Bana ta shiga lakwal.

Nakan zauna in ce da Yaya za ta leƙo yau, me za ta ce? Na yi aure bara, muna zaune a Sabon Gari, maigidana malamin makaranta ne a wani ƙauye wajen Gaffati, yana zuwa yana dawowa a kan babur. Tun cikina yana ƙarami ya sa nake zuwa awo a matarnite, wato asibitin haihuwa. An gwada jinina an ce ya yi ƙasa, an ba ni ƙwayoyi, an shafa min wani abu mai sanyi a ciki an nuna min ɗan a allo yana motsi. Na san da Yaya tana nan sai ta ce, “Ke Gana, har kin ga fuskarsa tun bai zo ba? To da wa ya yi kama, kada dai a ce hancin ubansa ya kwaso.” Za ta yi dariya, za ta ɗinka masa riguna fiye da yadda zai iya sawa. Amma duk ranar da na kwanta a gadon awon nan sai in ji kamar na ci wani abu ni kaɗai a ɓoye. Matarniten nan tana nan tun Yaya tana da rai, tafiyar da ba ta kai a gaji ba daga gidanmu. Ni ana tattalina kamar ƙwai, ita kuwa da kujerar katako aka bar ta. Ban san abin da na fi ta da shi ba, in ban da na zo daga baya.

Ita kuma Inna tun watan jiya ta fara shiri. Ta sa an shafe ɗakin kusa da madafa da farar ƙasa, ta tara itacen wankan jego har ya kusa kai katanga, ta sayi kanwa da gero na kunu. Kullum sai ta aiko a tambaye ni yaushe za a kawo ni gida. Kullum sai in ce sai an gama awon wannan mako. Na san abin da nake gudu, amma na rasa bakin faɗa, don in na ce mata a likita zan haihu, abin da za ta ji shi ne ɗakinta ne ya kashe mata 'ya.

Ranar Lahadin da ta wuce da safe ina shara, sai wani ciwo ya kama ni daga baya ya zagayo mara. Na jingine tsintsiya na shiga ɗaki. Ban yi shawara da kaina ba, kawai na tsinci kaina a durƙushe a gefen gado, na dafa katifa, bakin zanena a cikin haƙorana. Maigidan yana tsakar gida yana wanke babur, rediyo a kunne, in na ɗaga murya kaɗan zai ji ni. Ciwon ya zo ya lafa, ya sake zuwa. Ni da na yi koleji, ni da na san abin da ya faru da Yaya, ni da sajfam, wato ma'aikaciyar da ke karɓar haihuwa a matarnite, ta ja wa kunne cewa da na ji wani abu in taho, ina nan a ƙasa ina cizon zane ina tunanin abin kunya ne ya gan ni a haka. Har rana ta ɗaga. Neman tsumma ne ya shigo da shi.

“Subhanallahi. Tun yaushe?”

Na ce, “Ɗazu.”

Da kalmar ta fita daga bakina na tuna wadda ta taɓa faɗarta. A matarnite aka ce ba naƙuda ba ce tukuna, amma da ita ce, da jinina yadda yake, da an sha wuya. Sajfam ɗin ta cire safar hannunta ta dube ni ta ce, “Madam, bakin nan naki na cin tuwo ne kawai?” Matan da ke layi suka yi dariya. Ni ban iya ba. Gani nake ashe shirun nan yana cikin jikina, yana jiran ranarsa, kuma karatun da na yi bai taɓa shi ba.

Daga can na ce a biya da ni Birni. Na tarar da Inna a tsakar gida tana tsinkar zogale, Magajiya a gefenta. Da ta ji abin da ya faru sai ta ce, “To ai kin gani. Ga ɗaki nan an gyara, ki yi zamanki, a je a kwaso miki kayanki.” Na dubi ƙofar ɗakin, labulen ne kawai aka sake. Tsoron da na kwaso tun safe ya fito ta inda bai kamata ba. Na ce, “Inna, ba zan haihu a ɗakin nan ba. Ba zan durƙusa inda aka bar Yaya ta mutu kina zaune a bakin ƙofa ba.”

Hannunta bai tsaya ba. Ta ci gaba da tsinkar ganyen, sai dai na ga tana zuba ganyen a ƙasa, itacen a cikin ƙwarya. Can ta ce, “To.” Magajiya tana kallona, tana kallon ƙofar ɗakin. Yarinyar da ba a taɓa gaya mata a wane ɗaki aka haife ta ba, a bakina ta ji.

Kwanakin da suka biyo baya ban san yadda na yi su ba. Maganar da na faɗa akwai gaskiya a cikinta, abin da ya sa ta fi ciwo ke nan, amma ba ita ce dukan gaskiyar ba. Inna ba muguwa ba ce. A ƙauyen Zarmu ta tashi, a can ta haifi Yaya ita kaɗai a bayan ɗaki, tata uwar tana gona ba ta ma dawo ba sai da aka yanke cibi, kuma har yau ana ba da labarin a matsayin abin alfahari. Abin da aka ba ta shi ta ba mu, da kyakkyawar niyya. Ita ce ta yi rainon Magajiya da madarar gwangwani da kunu, ita ce gwiwoyinta suka lalace har yanzu a zaune take salla. Shekara bakwai tana ɗauke da abin nan ba ta sauke wa kowa ba, ni kuma na zo rana tsaka na ɗora mata shi a gaban jikarta. Ba na zagin kunya. Da ita aka gina mu, kuma akwai wurare da yawa da ta rufa mana asiri. Amma na kasa gane yadda za a yi in tsira da raina ba tare da na tozarta uwata ba, kuma na kasa komawa in ba ta haƙuri, don ina tsoron in na durƙusa a gabanta zan ƙare da cewa na yarda zan dawo ɗakin.

Shekaranjiya da hantsi na ji tsayuwar adaidaita a ƙofar gida. Inna ce, da Magajiya riƙe da hannunta. Tun da aka kawo ni gidan nan ba ta taɓa tako shi ba, saboda kunyar suruki. Ta shigo tana dafa bango, ta zauna a kan tabarma da ƙyar ta miƙe ƙafafu. Na yunƙura zan durƙusa, ta ce, “Tashi, Gana, da wannan cikin? Zauna nan.” Ta tura Magajiya waje wajen yaran maƙwabta. Ta daɗe tana murza gwiwarta kafin ta yi magana, kuma ba ni take kallo ba.

“Ranar nan ina jin motsinta ta bayan labule. Na ce a raina, in ta kira ni sau ɗaya, in ta ce wayyo Inna, zan shiga, kowa ya faɗi abin da zai faɗa. Ina ta jira. Ita ma na san jira take in shigo. To wa ya koya mata kada ta kira? Ni ce.”

Na ce, “Inna, ki yafe min, ban…”

“Bari in gama. Ranar da ciwo ya zo miki, tun na farko ki sa a kira ni a waya. Ke ba 'yar fari ba ce, ba ni da kunyarki. Likitar za mu je. In sun hana ni shiga, a bakin ƙofa zan zauna, na saba. Amma ki buɗe baki ki yi ihu yadda zan ji ki daga waje.”

“Inna, dariya za a yi min. A ce 'yar gidan wane ta tara wa mutane jama'a.”

“Su yi ta yi. Ni an yi min yabon, na ga abin da ya bar min.” Ta gyara mayafinta, sannan ta ƙara da cewa, “Wanka dai a gida za ki yi shi. Itacen nan ban tara shi don gara ba, kuma ba sajfam ɗin da za ta hana ni wannan.”

Muna cikin haka muka ji faɗuwa a bakin zaure. Magajiya ce ta yi tuntuɓe da dakali. Ta shigo tana ɗingishi, gwiwarta ta kurje jini na tsattsafowa, ta cije leɓe, ido ya cika da ƙwalla amma ta hana su zuba. Ta tsaya a gabanmu tana jiran a ce mata jaruma, yadda aka saba ce mata, yadda aka ce min, yadda aka ce wa uwarta. Inna ta jawo ta jikinta ta dubi ciwon. Ta ce, “Da zafi?” Yarinyar ta girgiza kai. Inna ta ce, “Ƙarya kike, da zafi. Yi kukanki mu ji.” Magajiya ta dube ta kamar ba ta gane Hausar ba. Sannan ta buɗe baki. Wallahi muryar uwarta ce sak, har maƙwabciyata ta leƙo ta katanga tana tambayar lafiya.

Abin da ya rage mana na Yaya Falmata ba shi da yawa. Kekenta yana nan an rufe shi da zane, akwai riguna a jikin mutanen unguwa da har yanzu ɗinkinsu bai saki ba, akwai wannan yarinya. Shekara bakwai shirunta na rana ɗaya muke yabo, muka bar muryar da ta yi shekara ashirin da huɗu tana cika lungunmu da ita. Ni wannan muryar nake so in gada. Ban daina jin tsoro ba, ban kuma daina jin nauyin abin da na faɗa wa Inna ba, ko da ta ce ya wuce. Ban san yadda tawa ranar za ta kasance ba. Wanda ya karanta wannan ya yi wa Yaya addu'ar rahama, ni kuma ya roƙa min Allah Ya sauke ni lafiya. In kuma kun bi ta kusa da wata matarnite a garin nan cikin watan gobe kuka ji wata tana kiran Inna da iya ƙarfinta, kada ku ce ba ta da kunya. Uwarta ce ta sa ta, tana zaune a bakin ƙofa tana saurare.